Siririyar Roba Mai Lanƙwasa: Fitar da Ruwa da Iska daga Cikin Jiki



Mai girma shugaban wannan zama, shugabannin asibiti da suka ba mu masauki, malamaina likitoci, iyayenmu manyan ma'aikatan jinya, ɗalibai da na hango sun cika kujerun baya, da sauran jama'a da suka baro harkokinsu suka zo, barkanku da zuwa. 

An ce in yi magana a kan wata 'yar roba da ake sakawa a jiki don a fitar da ruwa ko iska da suka taru inda bai kamata ba. Ga ta nan a hannuna. Na baya, kuna iya hango yadda bakinta ya nannaɗe? Saboda wannan nannaɗewa likitoci suke ce mata figtel, wato wutsiyar alade. Roba ce zalla ta masana'anta, ba abin da ya haɗa ta da alade, kuma gara mu riƙa faɗa wa majinyata haka da bakinmu kafin su tsinci sunan a bakin wani su tsorata.

Magana ɗaya na zo da ita. Wannan roba ta rage wa majinyaci azaba ƙwarai da gaske, amma ta ƙara wa ma'aikaci nauyi, domin sauƙin saka ta yana ruɗin mutane. Zan bi maganar daki-daki.

Na farko: ina ruwan yake taruwa, kuma wane iri ne?

Huhu ba a manne yake da haƙarƙari ba. Akwai tantani biyu, ɗaya ya lulluɓe huhu, ɗaya ya shimfiɗu a bangon ƙirji ta ciki, a tsakaninsu kuwa ɗan ruwa ne da ba ya wuce mililita 20, don su riƙa zamewa a kan juna. Matsin da ke tsakanin nan bai kai na iskar waje ba, shi ya sa duk sa'ad da ƙirji ya buɗe sai huhu ya bi shi. Da zarar iska ta samu ƙofa ta shiga wannan tsakani, huhu sai ya tsuke. In ruwa ne ya taru, yakan kai lita biyu ko uku a gefe ɗaya, ya danne huhu, mutum ya kasa kwanciya, ya kasa gama jimla ɗaya ba tare da ya tsaya ya ja numfashi ba.

To, amma ruwa iri-iri ne. Akwai wanda yake tsatsowa saboda zuciya ta gaza, ko hanta, ko ƙoda. Akwai wanda tantanin da kansa yake fitarwa saboda tarin fuka, ko limoniya, ko sankara. Akwai mugunya, akwai jini. A 1972 wani likita a Amurka, Richard Light, ya fitar da ma'aunin da har yau da shi ake rarrabe kashi biyun farko: ana gwada furotin ɗin ruwan da na jini, in na ruwan ya haura rabin na jini, to ana kyautata zaton cuta tana a tantanin ko huhun.

Me ya sa na fara da wannan? Saboda ba kowane ruwa ne yake buƙatar roba ba. Ku ɗauki mai jego da ta zo da kumburin ƙafa da haki, hoto ya nuna ruwa a ƙirji gefe biyu. Ciwon zuciyar bayan haihuwa sananne ne a ƙasar Hausa, tun binciken da Davidson da Parry suka yi a Zariya a shekarun 1970. Wannan baiwar Allah maganin zuciya take buƙata da maganin sa fitsari. In ka huda mata ƙirji, ka ƙara mata ciwo a kan ciwo, ruwan kuma gobe zai dawo.

Na biyu: daga ina aka faro?

Tun zamanin Hifokiratis na Girka ake huda ƙirji a fitar da mugunya. Matsalar kullum ita ce, in ka buɗe ƙofa don mugunya ta fita, iska sai ta bi ta nan ta shiga. A 1875 wani likita a Hambug ta Jamus, Gotthard Bülau, ya sa tiyo a ƙirji ya nutsa ɗaya bakin cikin ruwa a kwalba. Kamar dai yaro ya sa tsinken shan lemo a kofin ruwa: in ya hura, kumfa ta fita, in ya zuƙa kuwa ruwa ne zai taso, iska ba ta da hanya. Kwalbar da kuke gani a ƙarƙashin gado a ɗakunanmu, dabarar ke nan.

Duniya ba ta karɓi darasin ba sai da aka yi asarar rayuka. A annobar mura ta 1918, sojojin Amurka da yawa sun kamu da mugunyar ƙirji a sansanoninsu, ana yi musu tiyata da wuri a bar ƙirjin a buɗe, kusan 30 cikin 100 suna mutuwa. Kwamitin da aka kafa, wanda Evarts Graham yake ciki, ya nuna cewa iskar da ke shiga ta ƙofar nan ita ke ƙarasa su. Da aka koma zuƙe ruwan da allura, aka daina buɗe ƙirji da wuri, mace-macen suka sauko ƙasa da 5 cikin 100 a sansanin da suka yi aikin.

Sai 1953, a asibitin Karolinska na Sitokholm, wani likitan hoto mai suna Sven-Ivar Seldinger ya kawo dabarar da ta haifar da robar da ke hannuna. Don jijiyoyin jini ya ƙirƙiro ta, amma ta bazu ko'ina: allura ta shiga, a zura waya ta cikinta, a zare allurar, roba ta bi wayar, a zare wayar.

Na uku: yaya ake saka ta?

Ana auna kaurin waɗannan robobi da ma'aunin Faransa, wanda wani maƙerin kayan tiyata a Faris, Charrière, ya kafa. Lamba 3 daidai take da milimita 1. Figtel takan kasance tsakanin lamba 8 da 14, wato babbarta ba ta kai milimita 5 ba. Wannan ɗayar kuwa, da na ɗaga yanzu, lamba 28 ce, ta haura milimita 9. Don a saka ta sai an yanka fata, an buɗa nama da almakashi, likita ya zura yatsa tsakanin haƙarƙari. Duk wanda ya taɓa riƙe hannun majinyaci ana yi masa wannan ya san abin da nake nufi.

Wurin da aka fi amincewa da shi yana ƙarƙashin hammata: tsakanin gefen naman ƙirji ta gaba da gefen naman baya, kuma kada a sauka ƙasa da layin kan nonon namiji, domin ƙasa da nan hanta tana dama, saifa tana hagu. Ana bi ta saman ƙashin haƙarƙari, saboda jijiyoyin jini a ƙarƙashin kowane ƙashi suke kwance. A wanke fata, a shimfiɗa ƙyalle mai tsabta, a yi allurar kashe zafi, a ba ta lokaci ta kama. Ɗalibai, ku riƙe wannan: a ba ta lokaci. Gaggawar likita ce take sa majinyaci ihu sau da yawa.

Sai a shiga da allura ana jan sirinji. In ruwa ko iska bai fito ba, a tsaya nan, kada a ci gaba. In ya fito, a zura waya, ta shiga salin-alin ba tare da an tura da ƙarfi ba. Sai a ɗan tsaga fata, a sa tsinken buɗa hanya. Shi wannan tsinke shi ne mafi haɗari a cikin kayan duka. Yana da ƙarfi, yana da tsini, aikinsa kawai ya buɗa bangon ƙirji, don haka ba ya buƙatar ya wuce bangon da fiye da santimita ɗaya. Daga nan roba ta bi waya a miƙe, da an zare abin da ya miƙar da ita sai bakinta ya nannaɗe a ciki. Nannaɗewar tana da amfani biyu: ba tsinin da zai soki huhu, kuma robar ba ta saurin zamewa waje. A ɗinke ta, a manna filasta, a haɗa da kwalba, a yi hoto a tabbatar da inda ta zauna. Hannu ɗaya kuma kada ya saki wayar nan tun daga farko har a zare ta, domin an sha samun waya ta shige ƙirji gaba ɗaya.

Na huɗu: wa ta dace da shi?

Shekaru da yawa ana koya mana cewa mugunya mai kauri sai tiyo mai kauri. Hankali ya yarda da haka, amma bincike bai goyi baya ba. A Birtaniya an bi majinyata 405 masu mugunyar ƙirji, aka buga sakamakon a 2010: waɗanda aka sa wa siririya ba su fi mutuwa ba, ba su fi buƙatar tiyata ba, kuma sun fi samun sauƙin zafi. A shekarar ce ƙungiyar likitocin ƙirji ta Birtaniya ta ba da shawarar a fara da siririyar roba ga iskar ƙirji, da ruwan da ke gudana, da mugunya.

Hatta a raunin haɗari, likitocin tiyata a Arizona sun gwada lamba 14 da manyan tiyo, ga iska da kuma jini, suka ga aikin ya yi kusan daidai, zafi kuma ya ragu. Sai dai ku lura da waɗanda suka gwada a kansu: majinyata ne da jininsu bai faɗi ba, hankalinsu na jikinsu. Wanda aka kwaso daga hanya ƙirji a farfashe, ko aka harba, jini na kwarara, wannan har yanzu babban tiyo ne nasa. In jini lita ɗaya da rabi ya fito nan take, ko yana zuba mililita 200 kowace awa har awa biyu zuwa huɗu, ɗakin tiyata za a nufa. Wanda kuma iska ta cika masa ƙirji har ta ture zuciya gefe, jini ya faɗi, jijiyoyin wuya suka kumbura, ba a jiran hoto, ba a jiran a buɗe kwalin figtel. Allura za a soka a saki iskar, roba ta biyo baya.

Mugunyar da ta daɗe ta yi ɗaki-ɗaki, ta yi wa huhu ɓawo, ita ma takan fi ƙarfin roba kowace iri. Akwai magunguna biyu da wani gwaji na 2011 ya nuna suna narkar da ita in an haɗa su an zuba ta robar, amma suna da tsada ƙwarai. In kwana biyar zuwa bakwai sun wuce zazzaɓi bai sauka ba, hoto bai gyaru ba, a kira likitan tiyata.

Na biyar, kuma nan zan daɗe: haɗarin sauƙi.

A 2008 hukumar kula da lafiyar majinyata ta Birtaniya ta fitar da gargaɗi. Daga Janairun 2005 zuwa Maris na 2008 an kai mata rahoton mutuwar mutum 12 da mummunan rauni ga mutum 15 ta dalilin saka robar ƙirji, da yawa kuwa da wannan dabara ta waya aka saka. An soki huhu, an soki hanta, an soki zuciya. Dalilan da aka gano su ne ƙarancin ƙwarewa, rashin babba a kusa, zaɓen wuri mara kyau, rashin duba hoto da kyau, da tura tsinken buɗa hanya fiye da kima. Wannan fa a ƙasar da take da kayan aiki ke nan.

Yaya aka yi haka ta faru? Babban tiyo yana da ban tsoro, ƙaramin likita ba ya kusantarsa sai da babba a tsaye. Ita kuwa siririya kamar sa allurar ƙarin ruwa take a ido, sai wanda ya ga an yi sau ɗaya ya ce shi ma zai iya. Ƙaramin sani ƙuƙumi ne. Kuma akwai wani bambanci da ba a cika faɗa ba: mai saka babban tiyo yana zura yatsa ya taɓa, ya ji ko huhu ya manne da bango, ko ya faɗa ciki ne maimakon ƙirji. Mai saka figtel ba shi da yatsa a ciki. A makance yake, sai in ya ari ido.

Idon nan shi ne na'urar sikanin. Ƙwanƙwasa ƙirji da sauraro da abin awo suna gaya maka akwai wani abu, amma gani ya kori ji. Da sikanin za ka ga ruwan, ka ga zurfinsa, ka ga inda hanta ta taso, ka ga ko abin da hoto ya nuna fari fat ruwa ne ko huhu ne da ya cushe. Kuma a bakin gado za a yi shi, majinyaci na zaune yadda za a huda shi. Al'adar a tura mutum ɗakin hoto a zana masa alama da biro, ya dawo bayan awa biyu a huda a kan alamar, ba ta da amfani sai ga ruwa mai yawan gaske, domin da ya juya ruwan ya koma wani wuri. A ganina, duk wanda zai sa figtel don ruwa ba tare da sikanin ba, alhali na'urar tana cikin asibitin, ya ɗauki alhakin da ba dole.

Haka kuma, in ba gaggawa ba ce, a bari gari ya waye. Ruwan da ya yi wata guda yana taruwa zai iya jiran safiya. In haki ya yi tsanani, a zuƙe kaɗan da allura a samu sauƙi.

Na shida: bayan an saka.

Iyayenmu ma'aikatan jinya, wannan ɓangare naku ne, kuma a nan ake cin nasara ko a faɗi. Likita minti ashirin yake yi ya tafi, ku ne da robar kwana da kwanaki.

Kada a saki ruwa ya kwarara gaba ɗaya. Huhun da ya daɗe a tsuke in ya buɗe farat ɗaya yakan cika da ruwa ta cikinsa, kuma hakan yana kisa. Kada a wuce lita ɗaya da rabi a tashin farko, ga ƙaramin jiki ƙasa da haka. In tari ya sarƙe majinyaci ko ya ce ƙirjinsa ya ɗaure, a rufe famfon robar a dakata. Amma robar da kumfa ke fita ta cikinta, wato iska tana yoyo daga huhu, ba a matse ta ko kusa. In ka matse, iskar ta rasa mafita, ta taru ta danne zuciya.

Raunin siririya shi ne toshewa da lanƙwashewa. A riƙa kallon ruwan da ke cikin tiyo: in yana hawa da sauka tare da numfashi, hanya a buɗe take. In ya tsaya cik, a binciko dalili tun daga fata har kwalba. Ga mai mugunya, a riƙa wanke robar da ruwan gishiri na asibiti, mililita 20 zuwa 30 duk awa shida, kuma a rubuta a takardar magani kamar kowace allura, domin abin da ba a rubuta ba mantawa ake yi. Sau da yawa in an ce figtel ta gaza, in ka duba, ba wanda ya wanke ta tun da aka saka.

Sai masu jinya. A asibitocinmu uwa ce ko ƙanwa ko ɗa yake kwana a gefen gado, shi ke tayar da majinyaci, shi ke kai shi bayi. Wa ya zauna ya gaya masa cewa kwalbar nan ba a ɗaga ta sama da ƙirji? Wa ya gaya masa kada ya zubar da ruwan cikinta don ya ga ya yi datti? Mutum da kyakkyawar niyya zai ɗora kwalba a kan gado don kada a yi tuntuɓe da ita, mugunya ta koma inda ta fito. Minti biyar na bayani da Hausa ya isa ya hana wannan.

Ana cire roba idan huhu ya buɗe, kumfa ta tsaya kwana guda, ruwa ya ragu sosai. Wasu figtel suna da zare a ciki da ke kulle lanƙwasar. A kwance zaren kafin a ja, in ba haka ba za a yago nama.

Na bakwai, a gurguje: sauran sassan jiki.

Zuciya tana cikin jaka, in ruwa ya cika jakar sai ya hana ta cika da jini. A ƙasashenmu tarin fuka ne kan gaba wajen kawo wannan, figtel kuma tana ceton rai nan take, a bar ta har abin da ke fita ya koma kusan mililita 30 a kwana. A ciki, mai ciwon hanta da cikinsa ya cika da ruwa ana iya sa masa, amma a cire a ranar don gudun ƙwayoyin cuta, in kuma an fitar da fiye da lita 5 yana buƙatar albumin, giram 8 ga kowace lita. Ƙurjin hanta na amiba yawanci filajil yana warkar da shi, sai babba ko wanda ya ƙi jin magani ake sa wa roba. A ƙoda kuwa, idan tsakuwa ko tabon tsargiya ko sankarar bakin mahaifa ta toshe hanyar fitsari, ana sa ta ta baya fitsari ya samu mafita.

Na takwas: mu a nan.

Nijeriya tana cikin ƙasashen da suka fi yawan masu tarin fuka a ƙididdigar Hukumar Lafiya ta Duniya. Saboda haka matashin da ya zo da ruwa a gefe ɗaya, da rama, da zufar dare, tarin fuka ne abin zargi na farko. Ruwan da aka fitar kada a zubar da shi a bayi, a kai ɗakin gwaji. Ku sani kuma gwajin GeneXpert yakan kasa gano ƙwayar a ruwan ƙirji ko da tana nan, don haka in ya ce babu, magana ba ta ƙare ba. Yawancin irin wannan ruwa zuƙewa da allura da maganin wata shida sun ishe shi, maganin kuma kyauta ne a cibiyoyin gwamnati.

Jama'armu suna tsoron a cire wa mutum ruwa. Za ka ji ana cewa, wane da aka zuƙe masa ruwa bai kwana ba. Ban raina wannan tsoro ba, domin sun gani da idonsu. Abin da ba su gani ba shi ne an kawo shi ne bayan wata uku, bayan ƙaho da tsaga, wani lokaci har da sakiya a kan haƙarƙari. Yaron da limoniya ta kama, in zazzaɓi ya ƙi sauka bayan kwana biyu ko uku ana shan magani, a dawo da shi a duba ƙirjin. A makon farko ruwan tsararo ne, siririyar roba ta ishe shi. Bayan wata guda sai an buɗe ƙirji.

Ga shugabanninmu ina da roƙo uku. A ajiye ƙaramar na'urar sikanin a sashen gaggawa da ɗakunan kwanciya, wadda ba a kulle ta ƙarfe huɗu na yamma. A hana kowa saka wannan roba shi kaɗai sai wani babba ya tsaya a kansa ya shaida ya iya, a rubuce. A kuma sayi figtel da yawa a ajiye a kantin asibiti, domin in an bar dangi su fita nema a kasuwa, farashi yana ninkawa, majinyaci kuma yana kan gado yana haki har su dawo.

Mai girma shugaba, na ga an miƙo mini takarda cewa lokaci ya yi.  Robobin nan biyu da wayar da tsinken zan bar su a kan tebur, ɗalibai su zo su taɓa. Mai tambaya ko gyara ya ɗaga hannu, kuma ina roƙon a fara ba ma'aikatan jinya dama.